Man Kifin da Na Sha

Har yau in na ji ƙarnin man kifi sai zuciyata ta tashi. Kada ka ce iyayi ne irin na tsofaffi, bari ka ji dalili.

Ina ƙarama a ƙauyenmu kusa da Zakirai, zamanin Turawa, ƙafafuna suka fara gwamewa. Malamin asibiti ya ba Inna kwalbar man kifi, ya ce in ban sha ba haka zan girma. Kullum da safe sai ta toshe min hanci ta ɗura min. Na tsane shi, amma ina haɗiyewa.

A daminar shekarar Kawu, yayan Inna, ya dawo. Dako ya tafi yi a Ikko, wato Legas, ya ƙare a zuba kwal cikin injin jirgin ruwan 'yan kasuwa. Wata safiya ya shigo gaisuwa, ya shaƙi warin, ya tambayi daga ina man ya fito. Inna ta ce malamin ya ce daga ƙasar Norwe. Sai ya tofar da yawu.

Ya ce can suka je ɗaukar taman ƙarfe, a wani lungun teku da ya kutsa tsakanin duwatsu masu ƙanƙara, siriri, baƙi, mai zurfin gaske, ko da sanyi ba ya daskarewa. Nan jiragen yaƙin Jamus da na Ingila suka rutsa juna, babu wurin juyawa. Aka nutsar da nasu jirgin ma, da kyar ya tsira. Gawarwaki suka yi ta yawo cikin baƙin man jiragen, ba wanka ba sallah, kifaye suna yagar su. Daga baya ya ga masunta suna fito da kifin, jibga-jibga, suna farke ciki suna tara hantar a ganga.

"Abin da kike ba yarinyar nan ke nan," in ji shi.

Na yi amai a zanina. Inna ta share, ta sake cika cokalin, ta ce:

"Yaya, ƙafa nake nema mata. Ke kuma, buɗe bakinki."

Na buɗe. Haka na shanye kwalbar ina sane, kowane cokali da kuka. Kawu bai ƙara shan ruwa a ƙoƙonmu ba.

Yanzu jikokina ƙwayar man kifin suke haɗiya, ba wari, ba mai tambayar daga ina. Ni kuwa ƙafafuna sun miƙe sarai, da su na yi tallar fura, da su na yi ɗawafi. Amma har gobe ban san naman wa ya miƙar min da su ba.