Lamba a Hannuna, Tabo a Haɓarta

Ni da taubashiyata mun yi sama da shekara hamsin muna gardama a kan abu ɗaya: wace ce babba. Babana da uwarta ciki ɗaya suka fito. Tun tana ƙarama aka kawo ta riƙo gidanmu a nan Madarunfa, don ita 'yar fari ce, gwaggona kuwa mace ce mai kunyar da ko sunan yarinyar ba ta kamawa. Ɗaki ɗaya muka tashi, ƙwarya ɗaya muke sa hannu, bulala ɗaya ake zane mu da ita. A lokacinmu ba a rubuta ranar haihuwa, sai dai a ce shekarar da tabki ya cika ya ci gonaki, ko shekarar da gyaɗa ta yi kyau. In na tambayi babana sai ya ce duk shekara ɗaya ce, ya ci gaba da hirarsa. Innata kuwa, Allah ya jiƙanta, dariya take yi ta aike ni ɗebo ruwa.

Amma ni ina da shaida, kuma da ita nake yawo. A dantsena na hagu akwai lamba, zagayayya, mai ɗan rami, faɗinta kamar kan babban yatsa. Ba irin ƙaramar da ake yi wa jarirai yanzu don tarin fuka ba, lambar agana ce ta asali. Kakarmu ta sha ba mu labarin ranar da aka yi ta. Masu rigakafi suka zo da mota, suka sauka ƙarƙashin tsamiya a ƙofar mai gari, da wani ƙarfe mai kama da bindiga wanda ake taka shi da ƙafa. Aka yi shela kowa ya fito, babba da yaro, har na goye. Ni ina bayan innata aka zaro hannuna aka harba. Taubashiyata kuwa hannunta sumul yake, dama da hagu. To, in kowa ya fito ran nan, ita kuma ba ta da lamba, ina take? Ai ba a haife ta ba. Da wannan lissafin na rinƙa aiken ta, da shi nake ɗaukar tsoka mafi girma a miya.

Ba ta taɓa yarda ba, ko sau ɗaya. Cewa take gajarta ce ta sa nake neman girma da ƙarfi. Da muna lakwal, wato makarantar boko, masu rigakafi suka sake zuwa, aka jera mu, aka yi mata a gabana. Na shiga damuwa sosai, don na ga shaidata za ta zama ta kowa. Sai ga shi wurin ya ɗan yi ja, ya yi mata ƙaiƙayi kwana kaɗan, ya baje. Sauran yara suna ta fama da ƙurji suna nuna wa juna, ita ko tabo babu. Na ce mata ko lamba ta san ƙanana, ta ƙi zama a jikinta. Ta bi ni da muciya har bakin tabki.

Tabo ɗaya gare ta a duniya, a haɓa, ɗan zagayayye mai rami. Ita tana cewa ado ne, samari ma sun sha yaba shi. Ni ina cewa kaza ce ta tsattsage ta tana jaririya, don ta ɗauka hatsi ne.

Kakarmu ba ta shiga gardamarmu, amma ita ta sa na san darajar abin da ke hannuna. Agana ta kama ta tana budurwa, ta bar mata zanzana a fuska kamar an yayyafa ruwa a toka, ta tafi da idonta ɗaya da ƙannenta biyu. Wani lokaci in ina kwance kusa da ita sai ta ɗora yatsa a kan lambata ta danna, ta ce na sha da arha. A lokacin ban gane ba, cakulkuli kawai nake ji.

Muka girma, muka yi aure gari ɗaya, muka haifa. Ni ina soya kifin tabki, ita tana ƙuli-ƙuli, ranar kasuwa rumfarmu ɗaya, gardamarmu ɗaya. Daga baya ɗana, wanda ke jan mota tsakanin Maraɗi da Jibiya, ya ce 'yarta yake so. Yarinyar ta yi karatu har Yamai, tana aiki a ɗakin gwajin jini a Maraɗi, ita ma ta ce shi ta zaɓa. Muka zama surukan juna a kan taubasantaka, abin ya ƙara daɗi.

Bara waccan Allah ya ba su 'ya mace. A nan wasa ya koma gaske. Dangi suka ce ita ce jika mace ta fari a ɓangare biyu, sai a yi wa ɗaya daga cikin kakanninta mata takwara. Ɗana da ya ga wuta gaba wuta baya, sai ya zame, ya ce shi ba zai zaɓa ba, wadda ta girma ita za a sa wa yarinyar sunanta. Ban ɓoye ba, na so sunan nan ƙwarai. 'Ya'yana duk maza ne, jikokina na baya ma maza, ban taɓa jin an kira wata yarinya da sunana a gidana ba. Kuma na tabbata nawa ne, har na sayi turmin zane na ajiye wa takwarata.

Ana jibi suna gwaggona ta iso daga Gabi a amalanken jaki, don ta rantse ba za ta hau babur ba har ta koma ga Allah. Ta tsufa tukuf, amma kunnenta ras yake. Da la'asar muna ɗakin mai jego, ana dama kunun kanwa, na naɗe hannun riga na fito da shaidata a gaban mata, yadda na saba. Aka yi ta dariya. Na ce wa mai jegon, matar ɗana, tunda ita ce ta yi karatun abin, ta gaya wa uwarta gaskiya, ko da ɗaci.

Yarinyar ta sunkuyar da kai, ta ce ita ba ta shiga tsakanin iyaye. Amma da mata suka matsa, ta yi mana bayani a hankali. Ta ce abin da aka sa mini a hannu ba agana ba ce. Wata ƙwayar cuta ce daban, sunanta vaksiniya, danginsu ɗaya da agana amma ba ta da zafinta. In ta shiga fata sai ta yi ƙurji wuri ɗaya, jiki ya yi faɗa da ita ya koyi yadda ake yi, ran da agana ta zo sai ta tarar an san hanyarta. Ta ce har masana ba su gama sanin asalinta ba, ko daga saniya ko daga doki. Kuma ko da agana ta ƙare a duniya, ba a yar da vaksiniya ba, tana nan a ɗakunan bincike ana aiki da ita, har wadda aka rage wa ƙarfi ake ba mutane don ƙyandar biri. Na ce ashe taubashiyar agana ce, ta tsokane ka ta bar ka da rai. Ta ce kusan haka ne.

Da ta tsaya nan, da na tsira. Sai wata maƙwabciya ta tambaya me ya sa lamba ta ƙi kama uwarta a lakwal. Ta ce hakan yakan faru in jiki ya riga ya san ƙwayar. Ta ƙara da cewa ƙwayar mai rai ce, shi ya sa ake hana taɓa ƙurjin, don ruwansa yana iya komawa wani wuri a jiki, ko jikin wani, ya yi irin ƙurjin a can.

Gwaggona da ke jingine da bango tana tauna goron da aka daka mata, sai ta yi gyaran murya. Ba ta dubi 'yarta ba, ni ta duba.

"Ran da masu bindigar nan sunka zo," in ji ta, "ina nan gidanku, tsoro ya kama ni. Na ɗauki waccan na sa ta cikin rumbu, na ruhe, na tahi layi ni kaɗai."

Waccan, ai kowa ya san wa take nufi. Na ce to ko da an haife ta, ai jinjira ce, ni na riga ta.

"Ke?" in ji gwaggo. "Ko wuyanki bai tsaya ba. Ita tana rarrahe, haƙora na yi mata ƙaiƙayi. Ƙurjinki ya nuna, munka shimhiɗe ku tabarma guda, muna daka. Ko da munka waiwayo, ta ɗora haɓa bisa hannunki tana gurzawa."

Ta ce ba a jima ba haɓar ta yi ƙurji irin nawa sak. Ta yi ta kuka a ɓoye, ta ɗauka agana ce, alhakin ɓoye yarinya ya kama ta. Kakarmu ce ta duba da idonta ɗaya, ta ce wannan ba agana ba ce, ta san fuskar agana, a bar shi ya bushe. Innata ta sani, kaka ta sani. Ita kuma gwaggo ba ta iya buɗa baki ta tsaya wa 'yar fari ba, balle ta tona cewa ta ɓoye ta a rumbu. Yau ma, in ji ta, don jaririyar ta yi magana, kar a sa mata suna a kan ƙarya.

Mata suka ɓarke da dariya har mai jego tana riƙe ciki. Ni kuwa na ji kunya, na ji haushi, na kuma ji ciwon sunan da ya suɓuce mini. Na sauke hannun rigata a hankali. Ina jiran taubashiyata ta tashi ta yi rawa a kaina, don da ni ce da har guɗa sai na yi. Ba ta tashi ba. Tana zaune ta ɗora yatsa a haɓarta, tana shafa wurin kamar yau ta fara jin sa.

Ranar suna liman ya faɗi sunan taubashiyata, maroƙi ya ɗaga murya ya maimaita har waje. Na kawo turmin zanen da na ajiye na ba jaririyar, don ita ba ta yi mini laifi ba. Da aka zo rabon nama, na zaɓi tsoka mafi girma na sa a kwano, na kai wa taubashiyata da hannu biyu a gaban kowa. Na daure na faɗi kalmar.

"Ga naki, Yaya."

Ta karɓa, ta dube ni, idonta ya kawo ruwa. Ta kama dantsena na hagu ta danna lambar da yatsa, yadda kaka take yi.

"Shekara hamsin kina yi mini gori da ita," in ji ta, "ashe tare munka sha. Zauna mu ci."

Na zauna. Ta raba tsokar biyu, ta ba ni ƙaramin.