Raƙuman Dawa a Rufin Dutse

Laraba: daga garin Ƙaura zuwa Shinkafi

Ƙarfe biyar da kwata na asuba na fito daga gida, da jaka a kafaɗa, a cikinta da sabuwar farar shadda da na ɗinka musamman don hoton da zan ɗauka a gaban dutse. Na yi salla a masallacin tasha, na samu kujerar gaba a wata ƙaramar mota, zuciyata sai rawa take kamar ta mai zuwa ɗaurin aurensa.

Bari in gaya muku abin da ya fitar da ni. Ina da kawu a Shinkafi, Kawu Bawa, yayan mahaifiyata, ya haura saba'in. Yana yaro ya yi kiwon awaki a ƙauyen kakanninsa, gabas da Zurmi, kuma ya ce a wani dutse na can ya ga zanen raƙuman dawa da jan launi, manya uku da ƙarami ɗaya yana shan nono. Tun yana saurayi ya ba da labarin a majalisar 'yan kasuwa, aka tuntsire da dariya, aka laƙaba masa Bawa Raƙumi. Shekara hamsin sunan na binsa, har jikokinsa sun ɗauka na yanka ne. Yanzu yanar ido ta rufe masa gani, sai inuwa yake gani. Kwatsam kuma wani direban tifa ya gaya mini masu fasa dutse sun sauka a tsaunin. Ni malamin firamare ne mai koyar da zane, na kuma karanta cewa akwai irin wannan zane na mutanen farko a wasu duwatsun Arewa. Na ce ko mu je yanzu, ko Kawu ya tafi kabari da sunan maƙaryaci.

Duk sammakon nan namu, a bakin gari muka tsaya, domin ba a buɗe hanya sai bakwai. Muka jera bayan juna muka tafi a ayari. Shinge huɗu muka wuce, a kowanne direba ya sauke gilas ya yi gaisuwa, a haska fuskokinmu da ido a ce mu wuce. A Moriki muka sha shayi tsaye. Ƙarshen bazara ne, gonaki duk an yi musu shara suna jiran ruwa, kogi ya koma yashi. Tara da minti ashirin muka shiga Shinkafi.

Na tarar da Kawu a majalisa, ya riga ya ɗaure 'yar jakarsa da butarsa tun jiya. Kusa da shi taubashinsa ne, Mamman Mai Goro, wanda shi ya ƙirƙiro sunan Bawa Raƙumi, kuma bai taɓa gajiya da shi ba. Da ya ji inda za mu, sai da ya ajiye wuƙar goronsa don dariya.

"Lawali," ya ce mini, "in kun kamo raƙumin ka aje min wutsiya, ƙuda sun dame ni."

Kawu ya taya su dariya kamar yadda ya saba. Na kama hannunsa na tashe shi. A gidansa na kwana, aka yi mana tuwon dawa da miyar kuka, bai ci rabi ba.

Alhamis: Shinkafi zuwa Zurmi

Ranar kasuwar Shinkafi ce, kowa shigowa yake mu muna fita, don haka mota ba ta cika ba sai goma saura. Muka dawo Ƙaura sha biyu da rabi, muka sauya mota, muka kama hanyar Zurmi. Tafiyar ba ta kai kilomita arba'in ba, amma ramuka da shingaye suka mai da ita sa'a ɗaya da rabi. A wani shinge soja ya tambayi inda za mu kai dattijo. Na ce kallon zane. Ya dubi idanun Kawu, ya dube ni, ya ce Allah ya ba da lafiya. Ban san ko Kawu yake nufi ko ni ba.

A Zurmi muka sauka gidan wani abokina da muka yi makarantar horon malamai tare. Shi ya samo mana masu babur biyu 'yan wannan yanki, babbansu Umaru, magidanci mai yawan magana. Umaru ya ce kwana biyu hanyar lafiya lau, amma sharaɗinsa ɗaya: mu fita da safe, mu dawo kafin la'asar, ko mun ga raƙumi ko ba mu gani ba.

Juma'a: zuwa dutsen

Bakwai da rabi na saka shaddata, na kafa hula, muka hau. Kawu na bayan Umaru ya riƙe shi ƙam, ni ina bayan ɗayan. Minti hamsin muka yi a hanyar daji, ta cikin sabara da geza. Kawu ba ya gani, amma hancinsa na aiki. Da muka ratsa wani kwari ya ce nan ne rafin da suke shayar da awaki, kuma haka ne, har da tsohuwar tsamiyar da ya ambata. Murna ta kama ni, na fara yi wa mai babur ɗina lacca a kan mutanen farko, shi kuwa yana ta "to, Malam" yana kauce wa yashi.

Sunan ƙauyen ba zan faɗa ba, za ku ga dalili. Muka gai da maigari, mutum ne ɗan kimanin arba'in. Ya san gidan kakannin Kawu, amma zancen zane bai taɓa ji ba. Ya ɗauki sandarsa ya ce mu je ya gani da idonsa.

Tun daga nesa muke jin guduma. Masu fasa dutse sun cinye gefen yamma, sun tara tsakuwa tsibi-tsibi. Kawu ya tsaya cak ya tambayi wane gefe ake duka. Na ce yamma. Ya ce alhamdu lillahi, nasu na gabas ne, inda wani faffaɗan dutse ya hau kan wani ya bar inuwa a ƙasa.

Muka sami wurin tara da kwata. Ni da na zo da tunanin kogo mai faɗin ɗaki, sai na tarar da wata 'yar tsaga da ba ta kai ƙuguna ba, cike da kashin awaki da ƙura. Na zagaye dutsen sau biyu ina duba bango, babu komai sai baƙin zanen da ruwa ke bari. Na dawo bakin tsagar, na tattare shadda, na tsuguna a hankali don kada gwiwa ta taɓa ƙasa, na haska fitilar waya ciki. Dama, hagu, can ƙurya. Dutse ne ziryan.

Na miƙe, na rasa yadda zan faɗa. Umaru ya riga ni, ya ce wata ƙila ruwa ya wanke. Maigari ya ce ai yaro yakan ga abubuwa. Suna ta lallashi, kowace kalma kuwa tana nufin abu ɗaya, wato Mamman Mai Goro ya yi gaskiya. Wallahi raina ya ɓaci, har na fara jin haushin Kawu da ya sa na baro 'yan ajina.

Kawu ya juyo wajen muryata.

"Lawali, ka shiga?"

"Na leƙa, Kawu. Na haska ko'ina."

"Ka leƙa." Ya juya wajen tsagar. "Ai ba tsaye aka ganinsu ba. Kwance muke ciki muna jiran ruwa shi ɗauke. Miƙo min butag ga."

Ya tuɓe rigarsa ya miƙa wa maigari, ya lalubi bakin tsagar, ya kwanta rub da ciki, dattijo ɗan saba'in da ɗoriya, ya ja jiki ya shige. Kunya ta rufe ni. Na dubi shadda, na dubi kashin awaki, na ce Allah ya jiƙan kuɗin ɗinki, na bi shi.

Ciki da sanyi. Muka yi jan ciki kamar taku shida, ya ce in juya rigingine. Rufin dutsen bai fi kamu biyu daga hancina ba. Na haska, na ga wani ja-ja dishi-dishi, kamar tsatsa. Kawu ya kurɓi ruwa daga buta, ya cika kumatu, ya fesa sama kamar yadda mai guga ke fesa wa kaya.

Jama'a, sai suka fito. Inda ruwan ya taɓa, jan ya tashi ya yi jawur, ga dogon wuya, ga 'yan ƙahoni biyu, ga ƙafafu zara-zara. Ya sake fesawa, na biyu ya fito, na uku. Ƙarƙashin ta tsakiya ga ƙarami ya ware ƙafafu ya cusa kai cikin uwa. Na yi salati da ƙarfi har na buga goshi da dutse. Bayansu akwai shanu masu manyan ƙahoni, da jimina guda, da mutane biyar sirara sun ɗaga hannuwa sama. Daga can bisa kuma ɗigo-ɗigo ne jere suna sauka a kansu duka, mutum da dabba.

"Mi kag gani?" in ji Kawu.

Na lissafa masa ɗaya bayan ɗaya. Da na zo kan ƙaramin, ya ɗaga hannu ya shafa daidai wurin, bai kuskure ba ko da yatsa ɗaya. Hawaye na gangara masa cikin kunne, yana dariya.

Muna kwance ya ba ni labarin da kakarsa ta ba shi. In damina ta yi jinkiri, tsofaffin da can sukan shigo su fesa wa dabbobin ruwa, wai su sha su farfaɗo, sannan a roƙa wa na waje irinsa. Raƙumin dawa ne a gaba saboda shi ya fi kowa tsawo, shi ke fara hango hadari. Yara masu kiwo suka gaji fesawar ba tare da roƙon ba, daga baya su ma suka manta.

Maigari ya shigo, ya fita yana ta tasbihi. Umaru ma ya shiga, amma ya fito fuska a ɗaure, ya ce wannan tsafi ne na jahiliyya, gara guduma ta bi ta kansa. Na ga maigari ya fara auna maganar. Kawu na zaune yana karkaɗe ƙura daga gemu.

"Umaru, ni ban ce ka roƙi dutse ba, Allah shi tsare mu," ya ce. "Amma wanda ya kwanta nan ya zana wuyan dabbag ga, ya daɗe shina kallonta, ya san ba shi yay yi ta ba. Ka dubi hannuwan mutanen, sama sunka ɗaga su, ba wajen raƙumi ba. Manzo bai iske su ba, amma sun san ruwa na da mai shi. Yau ina raƙumin dawa ƙasag ga? Ina jimina? Wanga kaɗai ya rage ya ce sun zauna nan."

Umaru bai ce ya yarda ba, ya dai tafi duba tayar babur. Maigari ya ce gefen gabas ba mai sa masa guduma muddin yana raye, kuma zai faɗa a masallaci bayan Juma'a. Na roƙe shi kada a riƙa fesa ruwan, domin na karanta cewa yana cin zanen, namu na yau ya zama na ƙarshe. Shi ya sa ma na ɓoye sunan garin. Muka yi Juma'a tare da su, aka ba mu fura da nono, uku saura muna Zurmi. Kada ku tambaye ni ko an yi ruwa ranar, ba a yi ba sai bayan kwana tara.

Asabar: komawa

Bakwai da rabi muka bar Zurmi, muka sauya mota a Ƙaura, ɗaya saura muna Shinkafi. Kawu ya ƙi zuwa gida, ya ce majalisa tukuna. Mamman Mai Goro na hango shaddata, wadda ta koma launin ƙasa, ya ce ashe raƙumin ya yi shuri. Na buɗe hoto na miƙa masa waya. Ya kai ta kusa da ido, ya nisanta, ya sake kawowa. Majalisa ta taru a kansa.

"Mamman," in ji Kawu, "ni ban gani. Hwaɗa min abin da ke ciki, da ƙarfi."

Mamman ya gyara murya sau biyu. Ya ce manya uku ne. Kawu ya ce sai me. Ya ce da ƙarami yana shan nono. Daga nan ya zaɓi farin goro mafi girma a faifansa, ya sa a tafin Kawu, ya rufe da hannunsa biyu. Kawu ya ce sunan kuwa kada a sauya, yanzu ne ya fara yi masa daɗi.

Na samu motar ƙarshe, biyar da kwata na shiga gida Ƙaura. Na gode wa Allah da ya kai mu ya dawo da mu, na gode wa abokina na Zurmi, da maigari, da Umaru da bai yar da dattijona a yashi ba. Shaddar an wanke ta sau uku, jan ƙasar gwiwa ya ƙi fita. Na hana a sake wanke ta, da ita na shiga aji ranar Litinin.