Jan Kasko, Tauraron Tasalla Mai Kitso

A Tsamaye aka haifi Tasalla, a nan ta yi aure, a nan kuma mijinta ya rasu ya bar ta da 'yar gona da sana'ar kitso da ta gada wurin kakarta. Hannunta na da zafi, kowa ya sani. In ta kama gashi sai mace ta yi hawaye, amma kitson na daɗewa bai kwance ba. Don ta ɗauke hankalin wadda ke ƙarƙashin hannunta sai ta riƙa ba da labarin wata ƙasa da ita ta ƙago da kanta, ta sa mata suna Wandali.

A Wandali babu rana. Tauraro ɗaya gare su, ƙato, ya cinye rabin sama, ja wur kamar kasko a kan wuta, shi ya sa suke kiransa Jan Kasko. Ba a nuna shi da yatsa, sai da haɓa. Ranar suna ana fito da jariri a juya masa baya ga tauraron don ya sha ɗumi. In ya yi duhu mata su kwance kitso, ba mai faɗa da wani har ya washe. In kuwa ya yi fari fat kamar nono, mutanen Wandali ba su jiran hadari, sai su ɗauki iri su fita shuka, ruwa ya biyo su a baya. Shekara da shekaru Tasalla na ƙara wa ƙasar nan garuruwa da al'adu, mata na dariya, wasu ma su ce ta koma inda ta tsaya wancan karon.

Sai fari ya zo, a farkon shekarun saba'in. Damina ta farko gero ya tsaya iya gwiwa ya bushe. Ta biyu ko hakan bai kai ba. Shanun Fulani suka riƙa faɗuwa a bakin rijiyoyi, samari suka yi kudu neman abin da za su aiko. Gidaje suka koma cin anza, 'ya'yan itacen nan masu ɗaci da sai an jiƙa an zubar, an sake jiƙawa, kafin su ciwu. Ba mai abin ba Tasalla ladan kitso, amma mata ba su daina zuwa ba. Zama ƙarƙashin darbejiyarta ya fi musu zama gaban murhun da babu wuta.

Cikin masu zuwa akwai Bilki, wata baƙuwa daga Unguwar Lalle, mai sauraro baki buɗe. Ta koma gida ta maimaita abin da ta ji. Kafin maganar ta zaga kasuwar Bafarawa ta dawo, Wandali ta fita daga cikinta. Abin da ya rage shi ne wata mace a Tsamaye an nuna mata alama, in jan abin da ke sama ya yi fari a fita shuka. Tasalla ba ta san da wannan ba.

Wata safiya, lokacin da ake dakon ruwan shuka, rana ta fito fara fat, har mutum na iya kallonta bai runtse ido ba. Tasalla na tsefe kan wata yarinya ta ji ƙafafu na wucewa a bayan darni. Ta leƙa, ta ga maza da sungumi a kafaɗa, mata da ƙorai a kai. Ta tare Saude, matar maƙwabcinta Sodangi.

"Saude, ina za ku da iri ba a yi ruwa ba?"

"Inna, ke da kanki kike tambaya? Ba ke kinka ce in ta yi fari a shuka ba?"

Tsinken kitso ya faɗi daga hannun Tasalla. Ta bi su da gudu har bakin gonaki tana kira, tana cewa tatsuniya ce, su koma. Wasu suka tsaya suka juya. Sodangi kuwa tuni ya yi nisa, yana sara, 'ya'yansa na jefa iri suna rufewa da diddige. Irin ke nan da ya hana kansa da iyalinsa ci duk tsawon rani.

Ruwa bai zo ba. Aka yi ɗan yayyafi guda wanda ya isa iri ya tsiro, sannan sama ta koma wayam. Tsiron ya ƙone a ƙasa.

Da hantsi wata rana aka aiko wa Tasalla ta zo ƙofar Maigari Bawa. Ta tarar da fili cike da maza, ba mai amsa gaisuwarta. Ta durƙusa. Sodangi na tsaye da sanda, idanunsa sun faɗa, wuyansa duk jijiya.

"Ranka shi daɗe," in ji shi, "matar ga ta kashe ni. Ba ni da ko ƙwara ɗaya. Ta faɗa mamu wa ya aiko ta."

"Ba wanda ya aiko ni, Sodangi," Tasalla ta ce. "Labarin kitso ne. Tun kana goye nike ba da shi."

"Duba take yi!" wani ya ɗaga murya daga baya. Wani ya ce a kore ta daga garin. Mutane suka matso har ta ji inuwarsu a kanta. Wani hoge ya faɗo kusa da ƙafarta ya fashe. Maigari ya ɗaga hannu, amma hayaniyar ba ta kwanta ba. Tasalla ta rufe kanta da mayafi tana salati, tana jiran abin da zai sauka.

Sai ta ji muryar Inno, wata tsohuwar Bafulatana mai tallar nono, wadda shanunsu suka ƙare a farin. Ta ratso maza ta tsaya a gaban Tasalla.

"Ni ina nan zaune sadda ta faɗi, ba sau ɗaya ba. Ƙasar da babu rana ta ce, Maigari. Mu nan ba mu da rana? Ga ta nan tana gasa mu. Duk wanda zai jefe ta, shi fara da ni."

Mata suka fara fitowa daga lunguna suna tsayawa bayan Inno. Saude ce ta ƙarshe, kanta a ƙasa. Liman ya ce ruwa na hannun Allah, ba tauraron da ke saukar da shi, kuma tatsuniya ba laifi ba ce, amma mai yunwa ba ya rarrabewa. Maigari ya yanke cewa kada a sake jin sunan Jan Kasko a garin har Allah ya kawo sauƙi.

Tasalla ta koma gida. Can ta shiga ɗaki ta tono tukunyar da ta binne ƙarƙashin gado, inda ta ɓoye nata irin. Ta raba biyu, ta kai rabi gidan Sodangi. Bai dube ta ba. Saude ce ta karɓa da hannu biyu tana kuka.

Ruwa ya sauka a makare, bai kuma daɗe ba. Abin da aka girbe bai kai kowa rani ba. Da kaka ta wuce Sodangi ya bi mota zuwa kudu, ya ce za ya aiko. Sau ɗaya aka ji labarinsa, daga nan shiru.

Saude ta kwaso 'ya'yanta ta dawo gidan Tasalla, don tukunya ɗaya ta fi sauƙin cikawa. Suka haɗa gonakinsu suna noma tare, ɗaya na zuwa ɗiban anza, ɗaya na kula da yara. Ƙaramin cikinsu bai tsallake ranin ba, sauran suka rayu. Tasalla ta koya wa Saude kitso, kuma da yatsunta suka sandare don tsufa, Saude ce ta ci gaba da karɓar mata. Ko da Jamilatu, 'yar Tasalla da ke aure a Isa, ta zo ɗaukarta, Tasalla ta ce ba inda za ta. A ɗakin Saude Tasalla ta rasu, cikin wata damina mai albarka, gero ya yi tsawon da har ya rufe hanyar maƙabarta, sai da masu ɗauke da makara suka riƙa ture shi da kafaɗa.