Kakin da Ya Ƙi Tuɓuwa

Jiya na ga fuskar marigayin a wani tsohon fim. Maƙwabcina ne a unguwar Camberwell ta London lokacin da kuɗin man fetur ya kai mu karatu, dattijo ɗan Norway, ɗakinsa kullum ƙamshin kifi da man takalmi. A ƙasarsu tauraron fim ne. A London kuwa, saboda lafazinsa, a sojan Jamus kaɗai yake fitowa, mutanen da suka mamaye garinsu.

Na taɓa raka shi Aldwych, inda ake zaɓen 'yan wasa, yana fatan a bar shi ya fito a likita ko sau ɗaya. Ya fito rungume da kaki.

"Baba, ka koma gida mana."

"Can sun manta da ni, yarona. Nan ko ba komai suna harbe ni duk shekara."

Allah Ya sa inda ya tafi ba a zaɓa masa tufafi.