Minti Arba'in da Bai Ce a Ɗauka Ba

Ranar Laraba, tara ga watan Mayu, da hantsi, Allah Ya karɓi ran jikana, ɗan 'yata ta fari, yana da shekara ashirin da bakwai. Daga Allah muka zo, wurinsa za mu koma, shi dai ya riga mu ne. A kan kujerarsa ta aiki ya cika, likita ya ce zuciya ce. Ku da sunan da ya sa wa shafinsa kuka san shi. Ni Kunnuwa nake ce masa, saboda manyan abubuwan jin sautin nan da yake kifawa a kunne tun safe. Karatuna bai yi nisa ba, wanda ya ga kuskure ya haɗiye abinsa. Yayarsa ce za ta ɗora wannan a shafin nasa, domin ku masu kallonsa nake so ku karanta.

Kunnuwa, angona na ƙarya, yau da kai zan fara. Sau nawa na ce zan rabu da kai in auri mai sana'ar da ake yin gumi? Na daɗe ban gane aikinka ba. Ƙato ya zauna yana wasa a kwamfuta, ya ɗauki wasan a bidiyo, wasu ƙattin kuma su zauna su kalli wasan da ba su ke yi ba. Na ce to ni ma a ɗauke ni ina barci, ko a samu masu kallo. Ka ce, "Kaka, minsharinki kaɗai zai tara mutum dubu." Na jefe ka da takalmi, ka kauce, ya sami fanka.

Sai daga baya na gane. Akwai wani direba da ya yi haɗari, ya shekara a kwance. Ya rubuto maka cewa ya maƙale a wata gada cikin wasan da yake yi a waya, mako biyu ya kasa hayewa. Ka duba ka ga wayarsa ƙarama ce, ba ta da ƙarfin taka. Ka ture kwamfutarka da akwatin wasan da kake haɗawa da talabijin, ka aro tsohuwar wayata mai tsagaggen gilashi, ka haye gadar a kanta a hankali, kana faɗa masa inda zai sa yatsa. Ranar da ya haye, ka shigo ɗakina kana tsalle kamar an yi maka haihuwa. Kai ne kuma mai yanke min farcen ƙafa, kana cewa ba farce ba ne, kofato ne. Kai ne mai karanta min takardar magani, kana ƙara abin da likita bai rubuta ba: "A sha sau biyu, a rage faɗa."

Na san yadda kake aiki fiye da yadda ka zata. Za ka gyara makirfo, ka juyo da ƙaramar kyamarar nan wajen fuskarka, ka danna maɓalli, wani jan ɗigo ya fito a gefen allo. Sai ka tafa hannu sau ɗaya, wai don sauti da hoto su daidaita. Da na ji tafin nan na san an rufe min baki ke nan. Jan ɗigon kuwa ba ya mutuwa sai an sake dannawa.

Ku masu karatu, ga abin da nake so ku sani game da shi. Wata rana ya zaunar da ni, ya ba ni abin riƙewar nan mai maɓallai, wai in tuƙa mota. Na bi ta kan shinge, na ture rumfa, na faɗa kogi da baya. Ya yi dariya har da hawaye, ya ce wannan in ya ɗora shi zai girgiza duniya. Na duba na ga ɗankwalina ya zame, na ce ban yarda ba. A gabana ya goge, ya buɗe kwandon sharar kwamfutar ya sake gogewa, ya ce, "Shi ke nan, ba wanda zai san an hana ki lasisi." Wani karon kuma ya kwashe awa uku har ya cinye wani wasa da ya yi wata yana ba shi kashi. Da ya saurara sai ya ji muryar maƙwabciyarmu ta shigo ta taga, tana faɗa da mijinta, tana tona abin da bai kamata a ji ba. Ya gwada cirewa, ta ƙi fita. Ya watsar da awa ukun. Na ce kai wawa ne? Ya ce, "Ba ta san ana ɗauka ba, Kaka."

To, Kunnuwa, ran Larabar nan ka yi tafinka, na ji daga ɗakina. Ba a fi minti goma ba mamarka ta shiga ɗauko kofi, sai na ji ihun da ban taɓa jin irinsa ba. Mu duka muka cika ɗakin, ba wanda ya tuna da jan ɗigo. Minti arba'in kyamarar nan tana kallonmu. Ta ɗauki lokacin da kanka ya langaɓe. Ta ɗauki uwarka tana birgima a ƙasa, ba ɗankwali, riga ta zame. Ta ɗauke ni ina murza tafin ƙafarka ina kiran sunanka na gaskiya. Ta ɗauki maƙwabta suna ciccibar ka.

Wanda ya kashe kyamarar abokinka ne, wanda na sa wa Ɗan Turare domin ƙamshinsa yana riga shi shiga gida. Tun kuna makaranta yake cin abinci a kwanonka. Ya ce, "Kaka, bari in kashe kayan nan kada su lalace." Na shi masa albarka. Da bakin nan nawa na shi masa albarka!

Kwana uku bayan an binne ka, yayarka ta ja ni gefe ta nuna min wayarta. Ashe Ɗan Turare ya kwafe bidiyon a wayarsa, ya ɗora wa duniya. Ya sa wa abin suna, wai wasanka na ƙarshe. Ya sa kiɗan tausayi. Ya zana jan da'ira a fuskarka da kibiya, kada mai kallo ya rasa inda ake mutuwar. Wurin faɗuwar ya maimaita shi sau uku a hankali. Sunan shafinsa kuma ya rubuta shi daidai ƙirjin uwarka. Na kalla sau ɗaya domin in san abin da nake yaƙi da shi. Da na gama na wanke fuska, har yau ba na son jin ƙamshin turare.

Washegari ya zo gaisuwa, da farar riga, ya sunkuyar da kai kamar mutumin kirki. Na kira shi gefe.

Ya ce, "Kaka, masoyansa ne ke son su yi bankwana da shi."

Na ce, "Da gashin kan uwarsa za su yi bankwanar?"

Ya ce, "Wallahi da yana nan zai fahimta. Haka harkar take."

Na ce, "Rufe min baki, kada ka ƙara sa shi a cikin ƙazantarka. Ciro wayar."

Ya goge a gabana, yana gumi ta cikin turaren. Sannan ya ce ai wasu sun riga sun kwafa, ba shi da iko da nasu.

Wasun nan ku ne. Kada kowa ya waiga, da kai nake, da ke nake. Kun rubuta addu'a a ƙasa, kun sa hoton fuska mai hawaye, sannan da yatsan da kuka rubuta addu'ar kuka tura wa na gaba. Wani har tambaya ya yi wane wasa ne, ya ga yana da kyau. Wata 'yar'uwarmu ta jini ta turo wa uwar mamacin da kanta, ta rubuta a sama, "Ki yi haƙuri, kada ki buɗe." Tir. Na ga mutanen da ke tsayawa kallon haɗari a titi, amma ban taɓa ganin wanda ya ɗauki haɗarin ya kai wa uwar har ɗaka ba.

Uwarsa ba ta gani ba. Tun ranar rasuwar na karɓe wayarta saboda yawan kira, har yau tana cikin jakata. Sau goma sha ɗaya abin nan ya shigo, sau goma sha ɗaya na goge, ni da a da ko amsa kira sai an nuna min. Kullum tana tambaya. Na ce batir ya mutu. Na ce abin caji ya ɓace. Na ce an kai gyara. Tsohuwa da furfurata na zama maƙaryaciya saboda ku. Jiya ta riƙe hannuna ta ce, "Inna, saƙonninsa na murya suna ciki. Ki ba ni in ji yana tambayata me aka dafa, ko sau ɗaya." Ƙaryata ta ƙare a nan. Na ce ran Asabar.

Ran Asabar zan zaunar da ita in gaya mata da bakina cewa akwai wannan abu, sannan in miƙa mata wayarta. Abin da ba zan iya ba shi ne tsare kowace ƙofa da zai shigo ta. Wannan a hannunku yake. Wanda yake da shi ya goge, ya buɗe kwandon shara ya sake gogewa. Wanda aka turo wa kada ya buɗe, ya kira mai turowar ya kunyata shi. Mai son bankwana, bidiyonsa ɗari huɗu da wani abu suna nan, kowanne shi ya ɗora da hannunsa, yana dariya, yana faɗuwa a rami, yana sake tashi. Ku je can.

Allah Ya jiƙanka, Kunnuwa. Allah Ya yafe maka kurakuranka, Ya yalwata makwancinka, Ya suturta ka kamar yadda ka suturta waɗanda ba su ma san ka yi ba. Ina yi wa uwarka ta'aziyya, da mahaifinka, da yayarka, da direban nan da ya kira mu yana kuka, da duk wanda ya so ka tsakani da Allah. Allah Ya ba mu haƙuri, Ya kyautata namu ƙarshen. Shi kuwa abokin naka, Allah Ya shirye shi, domin ni yafewar ba ta zo min ba tukuna.

Yau Laraba. Saura kwana uku in ba ta wayar.