Labbo Mai Hauya Biyu

Ku da kuka san Labbo, ku gaya mini tsakani da Allah, akwai wanda ya taɓa ganinsa da hauya ɗaya? Babu! Kullum biyu ne a kafaɗarsa, ɗaya tasa, ɗaya ta wanda tsautsayi ya sa ya tsaya gaishe shi. Kana cewa "Sannu da aiki, Labbo," kafin ka rufe baki ka ji ƙota a tafin hannunka.

"Yawwa, sannunka dai! Baki na gaisuwa, hannu na aiki. Ina iyali?"

Kuma gaisuwar ba ta ƙarewa. Sai ya tambayi lafiyar kowa a gidanku har akuya, kai kuwa kana duƙe kana nome masa dawa. Mutumin nan har ya koma ga Mahaliccinsa bai taɓa ɗaukar ɗan ƙodago ba. Ni Tumba taubashiyarsa ce, uwarsa da ubana ciki ɗaya, don haka na fi kowa shan wannan wahala. Har ta kai in zan wuce gonarsa da ƙwaryar masa a kai, sai in ja mayafi in rufe fuska. Ina! Sai in ji murya daga cikin dawa: "Ko buhu kinka shiga na san tafiyarki, agwagwa. Taho ki gaishe ni!"

Garin namu kun san shi, ɗan mitsitsi a bakin gulbi tsakanin Kebbe da Fakku. In an yi atishawa a ƙofar gabas, na yamma ne ke amsawa. Da an kai amfani gida samari su watse cin rani, a bar mu da tsofaffi da Fulanin da ke saukowa fadama da shanu. Kasuwarmu kuwa kafin azahar ta tashi, in koma gida da rabin masata. Haka muke har Allah Ya kawo mana Azumi.

Ga yaran da ba su sani ba, Azumi ba mutum ba ce, dorina ce. Wata damina ruwa ya kawo ta cikin watan azumi, shi ya sa Labbo ya raɗa mata sunan. Ranar da ta iso ta cinye masa kusan rabin shinkafarsa ta fadama. Muka ce yau za a ji kuka, don Labbo ko tsuntsu ya ɗauki ƙwaya sai ya bi shi da Allah ya isa. Sai ga shi ya dawo yana murmushi.

Na ce, "Kai kuma lafiya? An yi maka ɓarna kana washe baki?"

Ya ce, "Tumba, ke ba ki san arziki ba. Wa ya taɓa yin baƙuwa mai girman wagga a danginku?"

Daga ranar ya ware mata wani yanki a bakin ruwa, ya ce gonarta ce. Ya kuma koya mata kira. In ya haɗa bakin hauyoyin nan biyu ya buga, ƙwal, ƙwal, ƙwal, sai ka ga kunnuwa sun ɓullo, sai hanci, sai ta yi hamma ka ga baki kamar ƙofar rumbu. Kowa ya gwada bugawa ba ta kula shi.

Labari ya kai Tambuwal, ya kai Jabo da Sanyinna, har Sakkwato. Ranar kasuwa sai ga mutane a kan kekuna, wasu a bayan babbar mota, wai sun zo kallon dorina. Ni dai kakata ta yanke saƙa, masa ba ta ƙara kwana ba. Amma Labbo ya kafa doka a gaban kowa: duk mai son kallo sai ya nome kunya guda, kuma duk wanda ya gama kunyarsa, wallahi sai ya kira masa Azumi.

Akwai wani akawu da ya zo da farar riga ta sha guga, har da agogo. Labbo ya miƙa masa hauya. Akawu ya ja da baya ya ce, "Baba, ni fa kallo na zo yi."

"Awo, na sani. Ita wadda za ka kalla iska taka ci? Wa za shi noma mata, ni kaɗai?"

"To in ba ka wani abu mana."

"Ba ta cin ƙarfe. Duƙa!"

Haka akawu ya naɗe riga ya duƙa, Labbo na biye da shi yana cewa, "Waccan dawa ta, ba haki ba! Kai, wanga karatu bai yi rana ba."

Bayan an samu mulkin kai aka zo ƙidayar mutane. Wasu na ɓoye 'ya'ya don tsoron haraji, Maigari kuwa na roƙo a fito da kowa, ko yawanmu ya sa a gina mana rijiya. Malamin ƙidaya ya iso ƙofar Labbo, ina nan zaune ina jira a biya ni masar da aka ci.

"Su wa ke gidan?"

"Ni, da Inno matata, da ɗiya, da Azumi."

"Azumi amarya ce?"

"A'uzubillahi! Ta fi ƙarfin ɗakina."

"To a kira ta in gan ta."

"Tana gulbi, wanka taka yi."

Da malam ya gane ko wace ce, ya ce ba a ƙidaya dabba. Labbo ya tashi tsaye. "Wanda duk ka cin hatsina ɗan gidana na! Ba yawa anka ce ana so ba? Ita kaɗai ta yi unguwa guda. Sa ta!"

Malamin nan ashe shi ma ɗan duniya ne. Ya ce, "Madalla, na sa ta. Sai dai mai ƙafa huɗu jangali ake biya mata, kuma wannan ai ta yi garke."

Labbo ya koma ya zauna. Can ya ce, "Goge. Baƙuwa ta, wucewa za ta yi."

To, wasa wasa, sai abin ya zo da gaske. Daminar da ta biyo baya, ruwa ya yi yawa, ya shanye gonar Azumi, ita kuwa ta shiga ta mutane. Ta tattake shinkafar gidaje da dama, har da ta wata gwauruwa mai marayu. Ba na ganin laifin waɗanda suka kai kuka wurin Maigari, abincin shekara ne. Labbo, Labbon da kuka sani, ya buɗe rumbunsa ya kai wa gwauruwar dammunan dawa da kansa, yana tafe yana nishi kamar ana cire masa haƙori. Duk da haka mutane suka ce a kashe ta.

A lokacin Baturen da aka turo ya gina mana rijiya yana gari, wani jibgege mai jan wuya, yana da bindiga da lasin farauta. Aka roƙe shi, ya yarda. Sai dai Azumi ta yi kwanaki ba a gan ta ba, ta shige cikin ciyawar gulbi, kuma ba mai fito da ita sai Labbo. A bakin kasuwa Labbo ya rantse: "In an harbi Azumi, to harsashin ta jikina za shi bi." Wasu suka yi dariya. Ni ban yi ba. Na san shi tun muna tsirara, bai taɓa yin rantsuwa ya janye ba.

Washegari Bature ya iso gona, gari duk ya biyo shi. Ya ce da Hausarsa irin ta Kano, "Malam Labbo, ka kira mini dorina."

Labbo ya miƙa masa hauya. "Ba kallo sai da noma."

Dogarin Maigari ya ce, "Labbo, Bature ne fa!"

"To? Ba an ce mun samu mulkin kai ba? Shi duƙa."

Ya kai shi wata kunya da muke kira Sai Gobe. Ta taso tun daga gindin tsamiya har bakin ruwa, ƙasa mai danƙo, ba wanda ya taɓa gama ta yini guda. Labbo ya zauna a inuwa ya harɗe, ya ƙyafta mini ido. Na ce a raina, kai, ja'irin nan ya tsira.

Bature ya cire riga, ya tofa yawu a tafin hannu. Da na ga tofin nan na ce mun shiga uku, don wanda bai san hauya ba ba ya yin haka. Jama'a, mutumin nan ya duƙa bai ɗago ba! Ƙasa na tashi, wuya na ƙara ja. Labbo ya sauke ƙafa. Can ya miƙe tsaye. Can ya fara bin sa yana cewa, "Sannu, huta mana. A kawo maka hura? Rana ba ta da kyau ga irinku." Kafin la'asar Bature ya kai bakin ruwa, ya miƙe yana haki ya ce, "Ubana manomi ne."

Labbo ya ce, "Shi ne ba ka faɗi ba tun da safe?"

Yanzu fa dokarsa ta kama shi. Ya rantse zai kira wa duk wanda ya gama kunya, ya kuma rantse harsashi sai ta jikinsa. Na matsa kusa na riƙe masa riga na ce, "Labbo, don girman Allah ka ce ta bar gulbin nan. Wa zai ƙaryata ka?"

Ya ce, "Ke Tumba, da furfurata?"

Ya yi alwala, ya sake, wai ya yi shakka. Ya yi sallar la'asar wadda ban taɓa ganin mai tsawonta ba. Da ya ga ba makawa, ya karɓi hauyarsa daga hannun Bature, ya shiga ruwa har gwiwa, ya tsaya daidai saitin bakin bindiga. Bature ya ce ya kauce, ya ƙi. Bature ya matsa gefe, Labbo ma ya matsa. Inno matarsa ta fashe da kuka. Ni kuwa salati kawai nake, ƙwaryar masa a kaina.

Ƙwal, ƙwal, ƙwal.

Shiru. Na ce Allah Ka sa ta kurumce. Ya sake bugawa, don bai iya ha'inci ba, da ƙarfinsa ya buga. Sai ruwa ya motsa can gefen ciyawa. Kunnuwa suka ɓullo, sai hanci, sai huci. Bature ya ɗaga bindiga yana neman gefen Labbo. Na rufe ido.

Abin da na ji maimakon ƙara shi ne muryar wata mata a bayana: "La ilaha illallahu! Ku duba bayanta!"

Na buɗe ido. Ga wasu 'yan kunnuwa kamar ganyen magarya, ga ɗan kai sumul yana hawa wuyan uwar yana zamewa. Ashe ɓuyan da ta yi haihuwa ta je yi! Bature ya sauke bindiga a hankali ya ce, "Doka ta hana harbin mai goyo." Maharbanmu ma suka ce haka yake ko a wurinsu. Wallahi sai na zauna daɓas cikin taɓo, masa ta watse, ina dariya ina hawaye.

Shi kuwa gogan, maimakon ya gode wa Allah, sai ya riƙe ƙugu ya fuskanci gulbi.

"Azumi! Yaushe kinka yi aure? Ni nika ciyar da ke shekara da shekaru, ko goro ba a kawo mini ba? Wane ɗan banza na, shi fito in gane shi!"

Gaɓa ta kaure da dariya, har waɗanda suka kai ƙara. Bature ya dafa shi yana dariya zai wuce, sai ya ji ƙota a hannunsa.

"Ina za ka? Biyu ka kalla. Saura kunya guda."

Daga nan masu kallo suka ninka, kowa na son ganin jariri. Gonar Labbo ta yi musu kaɗan, sai ya riƙa tura su gonakin waɗanda aka yi wa ɓarna, ya fara da ta gwauruwar nan. Ba a ƙara maganar bindiga ba.

Daminar bana ciwo ya kwantar da shi. Na je duba shi, ya rame, ido a rufe. Na ce, "Sannu, Labbo." Sai na ga hannu na lalube a gefen tabarma, ya turo mini hauya da ƙyar.

"Baki na gaisuwa..."

Na ce, "Ja'iri, ko a nan?"

Ya ce, "Duka biyun za ki ɗauka. Kada ta ji shiru."

Bayan an yi sadakar bakwai na ɗauke su na tafi bakin gulbi ni kaɗai, ina tsoron kada ta ƙi ni kamar yadda ta ƙi kowa. Na buga. Na daɗe tsaye har na juya zan tafi, sai na ji huci a bayana. Ta fito, ɗanta na gefe ya zama saurayi. Ta dube ni ta dube ni, na ce, "Ni ce, Azumi. Ya tafi."

Ya Allah, bawanka Labbo ya sa mu noma ba da sonmu ba, mun yafe masa. Ya saukar da baƙuwar da ba ta iya ce masa an gode, ya tsaya mata a gaban bindiga. Ga shi yau baƙo a wurinka. Ka sauke shi saukar alheri, Ka yalwata masa makwanci, Ka hutar da bayan nan da ya daɗe a duƙe. Amin.