Na Janye Ƙara a Zaure, Ban Janye Ta Gaban Alƙali Ba

A lokacin ni magidanci ne a Illela, ina fataucin albasa da jakuna, ba na yarda a ci mini ko taki ɗaya na haƙƙina. Turawa ba su daɗe da zuwa ba, an fara rubuta kowace shari'a a littafi, Bature yana zagayowa ya duba. Zan faɗi abin bi da bi yadda ya faru.

Na farko, na kai ɗan baffana ƙara gaban alƙali a kan iyakar fadamarmu ta Kalmalo. Alƙali ya ba da umarni kada ɗayanmu ya taka wurin sai an zo an duba iyaka. Ni ban shuka komai ba, shi kuwa albasarsa tana ciki, kuma albasa ba ta jimirin rashin ban-ruwa. Na biyu, dattawa suka tara mu a zauren liman, suka yi mini faɗa, na ce na janye, aka yi Fatiha. A wajen iyayenmu nan magana take mutuwa. Ɗan baffan nawa ya biyo ni ƙofa yana kirana yaya, ya tambaye ni ko zan shaida wa alƙali. Na ce ya ɗauka an gama, ya je ya ba albasarsa ruwa. Na yi niyyar zuwa wajen alƙali ranar kasuwa, sai na bi ayari na tsallaka iyakar ƙasa.

Na uku, na dawo bayan kwana tara na tarar dogarai sun kama shi a fadama da guga a hannu, an tsare shi don raina umarnin shari'a. Na garzaya na durƙusa, na ce Allah ya gafarta malam, ai na janye tun tuni. Alƙali ya tambaye ni gaban wa, kuma mi aka rubuta. Na ambaci liman da dattawa. Ya ce ƙara tawa ce, ina iya janye ta yanzu, amma umarni nasa ne, kuma an riga an taka shi. Ya soke ƙarar, ya bar hukuncin.

Wata guda ɗan baffana ya yi a gidan yari. Na yi ta jan ruwa a fadamar da kaina, amma albasar ta riga ta ƙone. Da ya fito bai zage ni ba. Ya ce kawai shi maganata ya bi. Kafin damina ya kwashe iyalinsa ya koma ƙetaren iyaka, ƙasar da ke hannun Faransa, can ya rasu.

Na tsufa, na gaji da juya abin a raina. Duk wanda ya sasanta a gida, ya je da ƙafarsa inda ya kai ƙara, ya tsaya har a goge ta. Fadamar tana hannuna yau, duka, ban taɓa iya shuka ta ba.